Akwati cike, babu na sawa

A ƙarshen daminar bara ɗakina ya fara warin danshi, sai na fito da duk kayana na sawa tsakar gida don su sha iska. Na cika igiya biyu, sauran na baza a tabarma. Goggona, ƙanwar mahaifinmu, ta zo daga cikin Birnin Zariya za ta kwana biyu a wurinmu a Tudun Wada, tana zaune a gindin bango tana gyaran zogale. Ta daɗe tana kallon kayan ba ta ce uffan ba. Can sai ta ce, "'Yar nan, a cikin waɗannan wanne ne naki?" Na ce, "Goggo, ai duk nawa ne." Ta ce, "Na san ke kika biya kuɗin. Ina nufin wanda kika gani da idonki, ranki ya so, kika ce a ba ki shi."

Na tsaya na ƙirga. Kala 41 ne ɗinkakku, ban da hijabai da mayafai. A ciki 23 anko ne. Wasu na bikin dangi, wasu na ƙawaye, wasu na abokan aiki, har da guda biyu da na kasa tuna bikin wa aka yi da su. Akwai kala 9 da sau ɗaya tak suka taɓa hawa jikina. Waɗanda nake sawa kullum kuwa, nake zuwa makarantar da nake koyarwa da su, nake zuwa kasuwa da gaisuwa da asibiti, ba su wuce 7 ba, kuma duk sun fara koɗewa saboda yawan wanki. Shi ya sa kowace safiya nake buɗe sif a cike, in tsaya ina tunanin ba ni da kayan sawa.

Tun daga ranar nake juya maganar Goggo a raina, kuma na gamsu cewa matsalar ta wuce ɗakina. Da yawanmu a garin nan, maza da mata, mun bar wa wasu aikin zaɓa mana abin da za mu sa. Uwar biki ta zaɓa, mai talla a waya ta zaɓa, yayi ya zaɓa, mu namu biya ne kawai. Mutum ya kai shekara 40 bai san launin da ke karɓarsa ba, bai san ɗinkin da yake sakewa a cikinsa ba, alhali kuɗin da ya kashe a kan tufafi ya isa ya yi jari.

Bari in fara da anko, don shi ya fi cin wuri a igiyata. Al'ada ce da muka aro daga Yarabawa, kuma ba na cikin masu cewa ba ta da wani alheri. Idan dangi suka fito kala ɗaya, ba a gane matar mai kuɗi da matar mai ƙaramin ƙarfi, kuma amarya tana ɗaga ido ta ga nata mutanen. Lokacin da muke 'yan mata atamfa ɗaya ake fitarwa, mai sauƙin kuɗi, wadda bayan biki za ta koma kayan zaman gida. Yanzu biki ɗaya sai a fitar da na kamu, da na yinin biki, da na dina, da na walima, ƙawayen amarya da nasu, ƙawayen uwar amarya da nasu, dangin ango da nasu, abokan ango ma da yadinsu da hularsu. Sai kawai ki wayi gari an jefa ki a rukunin WhatsApp, an turo hoton leshi da lambar asusu, an ce nan da Juma'a za a rufe. Babu mai tambayar ko launin ya dace da ke, balle a tambayi abin da ke cikin jakarki. Wani lokacin ma a ɗora riba a kai, har mai biki ta fitar da wani abu na hidimarta daga aljihun waɗanda ta gayyata. Wannan ni dai ban ga zumunci a cikinsa ba. Na san matar da ta ɗauki adashenta gaba ɗaya ta zuba a ankon biki biyu a wata guda, kuɗin da ta yi niyyar biyan makarantar yara da shi. Da na tambaye ta dalili, amsarta ita ce wadda dukanmu muka sani: "Idan ban yi ba, me za a ce?"

Wannan "me za a ce" yana da tsada a da, amma yanzu tsadarsa ta ninka. Tun da aka cire tallafin mai ranar 29 ga Mayun 2023, aka kuma saki naira a watan Yuni na shekarar, dalar da ake canzawa a hukumance ƙasa da naira 500 ta haura 1,500 a cikin 2024. Mafi ƙarancin albashin da aka amince da shi a Yulin 2024 naira 70,000 ne. Kayan da muke yayi kuwa kusan duk da dala ake shigo da su. Shaddar Getzner daga Ostiriya take zuwa, sufa da holan na Vlisco daga Holan, mafi yawan atamfofi masu sauƙin kuɗi da kwaikwayon manyan kuma daga Sin. Su sauka a Kantin Kwari a Kano, 'yan kasuwarmu na Sabon Gari da Tudun Wada su saro. Duk sanda dala ta motsa, turmin atamfa ya motsa, albashi kuwa yana nan inda yake.

Abin da ke ƙara sosa mini rai shi ne ƙasar auduga muke zaune a kai. Tun 1922 ake binciken noma a Samaru, kuma cibiyar da ke can, wadda yanzu take ƙarƙashin Jami'ar Ahmadu Bello, ita ta fitar da irin audugar da ake kira SAMCOT. Tsofaffinmu har gobe suna maganar bisije, wurin gurzar audugar da Turawa suka kafa a garin nan. A Kakuri ta Kaduna an buɗe masaƙar KTL a 1957, zamanin Sardauna, wasu suka biyo baya, dubban magidanta suka ci abinci a wurin. KTL ta rufe a 2002, masaƙar UNTL kuma ta tsaya a 2007. Ba zan ɗora wa mai sayen anko laifin mutuwar masaƙu ba, wannan magana ce ta wutar lantarki da fasa-ƙwauri da sakacin hukuma. Amma ya kamata mu san cewa duk turmin da muka saya muka sa sau ɗaya muka jefa a akwati, yawancin kuɗinsa ƙetare ya tafi.

Alhali a cikin ganuwar Zariya akwai sana'ar da duniya ta san mu da ita. Mahaifinmu, Allah Ya jiƙansa, manyan rigunansa 3 ne kacal a iya sanina. Ɗaya ta Juma'a, ɗaya ta zuwa ɗaurin aure da gaisuwa, ɗaya kuma ta Sallah, farar shadda mai aska takwas, ɗinkin hannu. Ina ƙarama na ga yadda aka yi ta Sallar, don a zauren maƙwabtanmu aka ɗinka ta. Wani dattijo ya fara shimfiɗa ƙyallen a cinyarsa ya zana aikin da alƙalami da tawada, babu takarda a gabansa, komai a ka yake. Daga nan maɗinki ya karɓa. Kullum da hantsi za ka same shi a bakin zaure inda haske yake, ya sunkuya, allura tana shiga tana fita, zaren yana kwanciya kusa da ɗan'uwansa har ba ka ganin ƙyallen da ke ƙasa. Wani ɓangaren aikin cikin gida aka shiga da shi, matan gidan suka cike. Aka yi watanni. Da aka gama aka kai wa mabuga, suka ɗora ta a kan gungume suna dukanta da tabarya har ta ɗauki sheƙi. Ranar Sallah Baba ya saka ta ya tafi Idi, da yamma ya kai mu kallon hawa a ƙofar fada, ya dawo ya cire, Inna ta ninke ta da turare ta mayar akwati. Fiye da shekara 30 ke nan, rigar tana wurin yayanmu, kuma bara ma da ita ya je Idi.

Ba na ce kowa ya koma sa babbar riga ba. Abin da nake so a duba shi ne Baba ya san kansa a wajen sutura. Fari da ruwan toka da shuɗi mai duhu, su ke nan launukansa. Hularsa iri ɗaya ce, kuma yadda yake kafa ta bai taɓa canzawa ba. Tun daga nesa, kafin ka ga fuskarsa, ka san shi ne ke tahowa. Idan zai yi sabon ɗinki sai ya yi wata guda yana shawara, ya je kasuwa ya taɓa ƙyalle, ya dawo bai saya ba, ya sake komawa. Talauci bai sa shi hakan ba, yana da rufin asirinsa daidai gwargwado. Ya dai ɗauki tufa a matsayin abin da za su daɗe tare.

To, ta ina mutum zai fara gane nasa? Ni daga kwandon wanki na fara. Kayan da suka fi shiga wanki su ne waɗanda jikinka ya yarda da su, ko da bakinka bai faɗa ba. Da na jera guda 7 ɗin nan na duba, sai na ga duk kusan abu ɗaya ne: atamfa mai ƙananan zane, shuɗi ko ruwan ƙasa ko kore mai duhu, riga mai faɗi da zani ko doguwar riga marar matsewa, hannun da zan iya naɗewa in yi alwala ba tare da kokawa ba. Babu dutse, babu jela mai jan ƙasa. Ashe tuntuni ina da salona, ban dai taɓa tsayawa na dube shi ba. Kuma da dalili. Ina tsayuwa gaban allo awa 5 a rana, ina hawa Keke Napep daga Tudun Wada zuwa wurin aiki, ina sunkuyawa in duba littafin yaro. Rigar da aka ɗinka don a tsaya a ɗauki hoto a zauren biki ba za ta iya wannan rayuwar ba. Wadda ke aikin banki a unguwar PZ, da ɗalibar jami'a da ke unguwar Kongo, da mai sana'ar abinci a gida, kowacce idan ta duba nata kwandon za ta ga wani abu daban, kowa da kiwon da ya karɓe shi.

Sai yanayin garinmu, wanda masu talla a waya ba ruwansu da shi. A watan Maris da Afrilu, yadin roba azaba ne. Ba ya shan gumi, yana manne wa jiki, ya bar mutum da ƙuraje. A hunturu kuma jar ƙurar Zariya ba ta raga wa farin leshi. Tufar da za ta yi maka shekara a nan sai ta zama mai yawan auduga, mai jure wanki. Kuma gane ta ba wuya. Idan aka zare zare ɗaya daga bakin ƙyalle aka kusanta shi da ashana, na auduga yana ci ne ya zama toka mai laushi, da wari irin na takarda. Na roba kuwa narkewa yake, ya dunƙule ya yi tauri. Idan ana tsoron zuba, a jiƙa gefen ƙyallen a goga a farin hankici. Atamfar da aka yi da kakin gaske, fuskarta da bayanta kusan ɗaya suke, wadda aka buga wa zane a sama kawai kuwa bayanta fari-fari ne. Iyayenmu duk sun san wannan, har da ɗanɗana ƙyalle da harshe wasunsu suke yi. Mu kuma muna sayen kaya daga hoton da aka ƙara wa haske, a kawo mana a leda, mu buɗe mu ga wani abu daban, kunya ta hana mu mayarwa.

Araha ba ta ado, in ji Hausawa, amma ni na ga tsadar ma ba kullum take ado ba. Lissafin da na koma yi shi ne sau nawa zan sa. Akwai wani leshin anko da ya ci mini naira 45,000 har da ɗinki, na sa shi sau ɗaya, awa 4. Akwai atamfar da ta ci 20,000, na sa ta ya fi sau 50, kowace sawa ta tashi a naira 400 ko ƙasa da haka. Wanda ya fahimci wannan lissafin ba zai ji kunyar shiga layin 'yan gwanjo a kasuwar Sabon Gari ya zaɓi rigar sanyi mai kauri ba, kamar yadda ɗaliban Samaru ke yi duk hunturu, kuma ba zai ji ƙyashin tara kuɗi wata 6 ya sayi shadda mai kyau guda ɗaya ba.

Ɗinki ma yana da nasa. Zani na da, yadi 2 ne a miƙe, ba a yanka shi ba. Ya yi shekaru ana fita unguwa da shi, ya koma na zaman gida, ya koma zanen goyo, ya koma shimfiɗar jariri, a ƙarshe ya zama tsumman goge ɗaki. Yadi 6 na atamfa yana ba da riga da zani da ɗankwali, wani lokaci har da ragowar da za a yi wa yarinya riga. Ɗinkin yayi na yanzu kuwa, ana yayyanka turmin ne ƙanana-ƙanana, a manna masa raga da duwatsu, a matse shi daidai jikin ranar. Mace ta ƙara ƙiba kaɗan ko ta haihu, shi ke nan, ba ya buɗuwa, ba ya kyautuwa, ko tsumma ba ya yi. Telan da nake kai wa ɗinki shekara 8 yanzu ya taɓa ce mini, "Hajiya, da za ku riƙa kawo kayan Sallah tun watan Rajab, da kun ga aiki. Amma sai goman ƙarshe na azumi kowa zai taho da hoto a waya, ga rashin wuta, ga rashin barci, a ce kuma lallai irin na hoton ake so." Gaskiya ya faɗa. Rabin rigimar da ake yi da teloli daren Sallah mu muke sayenta da kuɗinmu. Yanzu tun kafin Sha'aban nake kai nawa, in zauna mu yi magana, in ce ya bar mini sarari a ciki yadda za a iya buɗewa nan gaba.

Maza kada su ɗauka da mata kaɗai nake. Na ga samarin da ke cin bashin shadda don bikin aboki, a yi mata aikin kwamfuta irin wanda kowa ya yi a shekarar, baɗi a ce ya tsufa. Na ga kuma yadda lefe ya koma gasar ƙirga kala. Dangin ango su cika akwatuna da abin da amarya ba ta zaɓa ba, a zo a baje ana ƙirgawa, rabinsa ya shekara 5 ba a ɗinka ba. Me zai hana a tambayi yarinya abin da take so, a sayi kaɗan masu kyau, sauran kuɗin ya tafi inda zai amfani gidan da za su zauna?

Na san abin da za a ce mini. 'Yan kasuwa da teloli da wannan hidimar suke ci, idan kowa ya rage saye su ina za su? Tambaya ce mai nauyi, don ina da 'yan'uwa a cikinsu. Amma ɗan kasuwar da ke bin mata bashin anko wata da watanni, da telan da aka tara wa ɗinki 60 a mako guda aka hana shi kuɗin rabinsu saboda an ce ya ɓata, ba su ne suka fi cin riba ba. Mai saye da niyya yana biya a kan kari, yana dawowa wurin wanda ya gaya masa gaskiya, kuma shi ne zai iya ware kuɗi ya biya maɗinkin hannu haƙƙin wahalarsa. Wasu kuma za su ce ai addini bai hana ado ba. Haka ne, kuma ni ma ina son ado ƙwarai. Aya ta 31 a Suratul A'araf ta umarce mu da yin ado a wurin kowace sallah, kuma a cikin ayar dai aka ce a ci a sha amma kada a yi ɓarna. Kala 9 da aka sa sau ɗaya aka rufe a akwati har suka yi warin danshi, ga maƙwabta da 'ya'yansu ba su da na Sallah, ban san sunan da zan kira shi ba in ba ɓarna ba.

Ƙin anko ba sauƙi gare shi ba, kada in yi wa kowa ƙarya. Karo na farko da na gwada, bikin 'yar wata yayata ce ta wajen uwa. Na je har gida na same ta, na ce, "Yaya, ki yi mini afuwa, ba zan yi ankon nan ba. Ga kuɗinsa, ki sa a hidima. Ranar biki kuma da asuba zan zo, duk aikin da kika ba ni zan yi." Ta karɓa, amma fuskarta ta canza. Ta ce, "Ke kaɗai za ki fita daban a cikin dangi?" Na je bikin da shuɗiyar atamfata, na yini a wurin tukwane da rabon abinci. An dube ni, na kuma ji ana ƙus-ƙus. Yaya ta yi kusan wata biyu tana amsa gaisuwata a taƙaice, kuma hakan ya dame ni sosai, don ina ƙaunarta. Amma a wurin bikin mata 3 suka ja ni gefe ɗaya bayan ɗaya, kowacce ta ce da ta san ana iya yin haka da ba ta ci bashi ba. Har yanzu ina yin anko idan na jini ne ƙwarai, kala ɗaya, kuma in ɗinka shi yadda zan ci gaba da sawa bayan biki. Iyayen biki su ne za su fi kowa iya sauƙaƙa wannan abu. Su fitar da kala ɗaya mai sauƙi, ko su ce launi kaza ake so kowa ya duba akwatinsa, su kuma faɗa da bakinsu cewa wanda bai yi ba ya zo, ba a riƙe shi da komai ba.

Kayan da na baza ranar nan, kala 16 na ninke na zuba wa Goggo a jaka biyu, don ta fi ni sanin gidajen da ake buƙata a cikin Birni. Guda 5 na kai wa tela ya kwance duwatsun ya mayar da su riguna na zaman gida. Kuɗin da na saba warewa na anko kuma na riƙa ajiyewa, da suka taru na karɓo rigar Baba daga wurin yayanmu, na sayi farar shadda yadi 10, Goggo ta raka ni wurin wani dattijon maɗinki a unguwarsu. Ina so a yi wa babban ɗana irinta, bana yake gama sakandare. Dattijon ya shimfiɗa rigar a cinyarsa, ya bi askar da yatsa ɗaya bayan ɗaya, ya juya ta ya duba bayan ɗinkin ya daɗe. Ya ce ya san hannun da ya yi ta, mai hannun ya rasu tuntuni. Na ce, "Baba, za a samu irinta?" Ya ce za a samu, amma ba ya son gaggawa. Na ba da rabin kuɗi, ya ce in dawo bayan Babbar Sallah.